Mena ta mata: tarihin ƙungiyar da ta makara zuwa fili

Ranar 2 ga watan Satumba na shekarar 2007, a birnin Wagadugu, ƴan matan Nijar suka shiga fili da sunan ƙasarsu a wasan ƙwallon ƙafa na farko da hukumar FIFA ta rubuta musu a littafinta. Wata gasa ce ta ƙasashe biyar da Burkina Faso ta shirya, kuma masu masaukin baƙin ne suka tarbe su da ci 10 da babu. Bayan kwana huɗu aka sake haɗuwa, aka tashi 5 da babu. Wannan shi ne mafarin tarihin ƙungiyar da ake kira Mena ta mata, wadda ta ari sunanta daga ta maza, su kuma suka aro shi daga barewar nan ta hamada da a yau ba a cika ganinta ba sai a wajejen Tarmit da Abzin.

Wanda duk ya ji waɗannan alƙaluma, abu ne mai sauƙi ya yi murmushi ya wuce. To amma ƙwallo goma da aka zuba a raga ɗaya ba a cikin minti casa'in aka haife su ba. Suna da iyaye da kakanni, kuma mai son sanin asalinsu sai ya koma baya, ya kuma leƙa maƙwabta.

Ya kamata a fara da cewa ƙyamar ganin mace tana buga ƙwallo ba Bahaushe ne ya ƙago ta ba. A Ingila, inda aka tsara dokokin wasan, mata ma'aikatan masana'antu sun yi tashe a lokacin yaƙin duniya na farko da bayansa, har wata ƙungiyarsu mai suna Dick, Kerr Ladies ta tara ƴan kallo wajen dubu 53 a filin Goodison Park na Liverpool a watan Disamba na 1920. Shekara guda bayan haka hukumar ƙwallon ƙasar ta hana mata amfani da filayen ƙungiyoyinta, da hujjar wasan bai dace da jikin mace ba, kuma haramcin bai kau ba sai 1971. A Barazil doka ce ta gwamnati ta hana su daga 1941 zuwa 1979. Ita Faransa, wadda muka gaji tsarin makaranta da na wasanni daga wurinta, sai a 1970 hukumarta ta amince da ƙwallon mata. Ke nan lokacin da Nijar ta sami mulkin kai a 1960, babu wani abin koyi da mai mulkin jiya ya bar mata a wannan fanni. Gasar cin kofin duniya ta mata kanta ba a fara ta ba sai 1991, a ƙasar Sin, shekara 61 bayan ta maza.

A ƙasar Hausa kuwa, rabon wasanni tsakanin maza da mata tsohon abu ne. Kokowa da dambe da langa da sharu na samari ne. Ƴan mata suna da gaɗa da carafke da wasannin dandali na farin wata, waɗanda duk wanda ya taɓa ganin yadda ake tsalle da juyi a cikinsu ya san ba wasan malalata ba ne. Abin lura shi ne gwamnati ta ɗauki wasan maza ta ɗaukaka shi, ta bar na mata a dandali. A 1975, zamanin Seyni Kunce, aka yi gasar kokowa ta ƙasa ta farko a Tawa, inda Yakuba Ango Kantu na Maraɗi ya ɗauki takobi, kuma tun daga nan kokowa ta zama wasan da ake shimfiɗa wa kuɗin hukuma, ake gina wa fili a manyan biranen jahohi, ake watsawa a rediyo da harsunan ƙasa. Ƙwallon ƙafa na maza shi ma ya sami nasa rabo: ƙungiyoyin unguwanni da na soja da ƴan sanda da kwastan a Yamai, su Jangorzo da Ɗan Kasawa a Maraɗi, ga babban filin Janar Seyni Kunce da aka buɗe a 1989. Yarinya kuwa, wurinta a bikin samariya shi ne rawa da waƙa da wasan kwaikwayo. Ba a ce ƙaramin wuri ba ne, amma babu ƙwallo a cikinsa.

Ba wai ƙasar ba ta san mace mai iko ba. Fadar Katsinar Maraɗi tana da Iya, ta Gobir a Tsibiri tana da Inna, kuma kowane ɗan makaranta ya san Sarauniya Mangu da ta tsaya wa rundunar Vule da Shanuwan a Lugu a 1899. A zamanin nan ma, ranar 13 ga Mayu 1991 dubban mata sun yi maci a Yamai suna neman a ƙara musu kujeru a kwamitin shirya babban taron ƙasa, abin da ya sa ranar ta zama ta matan Nijar. A 2000 aka kafa dokar kaso da ta ware musu gurabe a zaɓe da naɗe-naɗe. Sai dai kujerar majalisa daban, gajeren wando a bainar jama'a daban. A watan Nuwamba na wannan shekara ta 2000, bikin nuna tufafi na FIMA da aka shirya a Yamai ya tayar da zanga-zanga a babban birnin da kuma Maraɗi, kuma a shekarar ce jihar Zamfara, can ƙetaren iyaka, ta hana ƙwallon mata a ƙasarta. Duk shugaban hukumar wasanni da zai tara ƴan mata a fili a waɗannan shekaru ya san iskar da ke kaɗawa.

Abin da ke faruwa a gidan maƙwabciya

Mutumin Gidan Rumji ko Agye ko Gazawa, wanda kasuwarsa da rediyonsa da danginsa rabi suna Katsina da Kano, ya fi sanin sunan Super Falcons bisa ga na ƙungiyar ƙasarsa. Ba laifinsa ba ne. Nijeriya ta kafa gasar ƙungiyoyin mata ta ƙasa tun 1990, bisa ƙoƙarin wasu masu hannu da shuni irin su Gimbiya Bola Jegede ta Legas, wadda ta riƙe ƙungiyar Jegede Babes da aljihunta. A 1991 ƙungiyar ƙasar ta wakilci Afirka ita kaɗai a kofin duniya na farko. Ya dace a tuna yadda ta kaya musu a can, domin masu yi wa Mena dariya sukan manta: Jamus ta ci su 4, Italiya 1, Taiwan 2, suka dawo gida ba su jefa ko ƙwallo guda ba. Bambancin shi ne da suka dawo ba a watse ba. Akwai ƙungiyoyi a Legas da Warri da Kalaba da Fatakwal da suke komawa, akwai gasa da ake bugawa kowace shekara.

Shekara takwas kacal bayan haka, a Amurka a 1999, ƙarƙashin mai horarwa Isma'ila Mabo, mutumin Jos, suka doke Koriya ta Arewa da Danmak, suka kai zagayen ƴan takwas. A can Barazil ta riga su da ci 3 da babu kafin hutu, suka farke duka ukun, sai a ƙarin lokaci aka ci su na huɗu. Har yanzu babu wata ƙungiyar mata ta Afirka da ta wuce wannan matsayi a kofin duniya. A nahiyar kuwa sun zama kura a rugar awaki: gasar Afirka ta farko da aka tara ƙasashe wuri ɗaya, a Kaduna da Abekuta a 1998, su suka ɗauka ba tare da an ci su ko ɗaya ba, kuma a watan Yuli na 2025 a Rabat suka ɗauki kofi na goma. Ƙasashe biyu kawai suka taɓa karɓe shi daga hannunsu, Gini Ikwatoriya a 2008 da 2012, sai Afirka ta Kudu a 2022. Daga cikinsu aka sami Perpetua Nkwocha, gwarzuwar Afirka sau huɗu, da Asisat Oshoala, musulma ƴar Legas, wadda ta ɗauki kambin sau shida, ta kuma ci kofin zakarun Turai da Barcelona.

Wannan ɗaukaka ba ta hana su shan wuya a hannun hukumarsu ba. A 2004 sun ƙi barin masaukinsu a Afirka ta Kudu sai an biya su haƙƙinsu bayan sun ci kofi. A 2016 sun sake zaman dirshan a wani otal na Abuja, har suka yi tattaki zuwa majalisar dokoki ɗauke da kwalaye. A 2019 aka maimaita a Faransa. Akwai kuma wani abu da ya fi shafar mai karatu na wannan yanki. Idan aka duba ƙungiyoyin da suka riƙa cin gasar matan Nijeriya, Pelican Stars da Rivers Angels da Delta Queens da Bayelsa Queens da sauransu, kusan duka na kudu ne, in ban da Nasarawa Amazons ta Lafiya. Kano da Katsina da Sakkwato, duk da son ƙwallon da aka san su da shi, ba su da kaso na a-zo-a-gani a wannan tarihi. Wato matsalar da ke gaban Nijar ba ta tsaya a bakin iyakar Ɗan Isa ba. Ƙasar Hausa ce gaba ɗaya ta makara, sai dai a Nijeriya kudanci ya rufe asirin arewaci, a Nijar kuwa babu wani kudancin da zai rufe.

Dogon barci, da farkawa

Bayan wasannin Wagadugu na 2007, Mena ta mata ta shiga barci na kimanin shekara goma. A tsakanin nan ƙwallon maza ya ga mafi kyawun zamaninsa: ƙarƙashin shugabancin Kanar Jibrilla Hima Hamidu, wanda aka fi sani da Pele, da ya karɓi hukumar FENIFOOT a 2009, Mena ta je kofin Afirka karo na farko a 2012, ta koma a 2013, ƙasar ta karɓi baƙuncin gasar Afirka ta ƴan ƙasa da shekara 17 a 2015, da ta ƴan ƙasa da 20 a 2019, wadda aka buga wani sashe nata a filin Maraɗi. Ana ta wannan hidima, gasar Afirka ta mata tana zuwa tana wucewa ba tare da Nijar ta buga ko wasan neman gurbi ba.

Abin da ya tashe ta daga waje ya zo. Daga 2016 FIFA ta ƙara yawan tallafin da take ba hukumomin ƙasashe a ƙarƙashin shirinta na Forward, ta kuma ɗaura wani kaso na kuɗin a kan sharaɗin shirya gasar mata da fitar da ƙungiyar ƙasa ta mata zuwa wasanni. Ƙungiyar hukumomin ƙwallo ta Yammacin Afirka, shiyya ta biyu, ta ƙirƙiro kofin mata, aka buga na farko a Abijan a watan Fabrairu na 2018. Nijar ta je, ta sha kashi a wasanninta uku, ciki har da 9 da babu a hannun Gana, wadda ita ce ta ɗauki kofin. A shekara mai bi, a wannan birni dai, ƙuri'a ta haɗa ta rukuni ɗaya da Nijeriya da Mali da Burkina Faso, kuma ranar 11 ga Mayu 2019 Super Falcons, suna shirin tafiya kofin duniya na Faransa, suka zuba mata 15. A watan Oktoba na 2021 ta buga wasan neman gurbin kofin Afirka karo na farko, da Kodibuwa: 9 da babu a karon farko, 11 da babu a na biyu. A Satumba na 2023 Tunisiya ta fitar da ita da jimillar 12 da 1.

Akwai masu cewa, tunda haka ne, gara a zauna gida a kan a riƙa zubar da mutuncin tuta. Maganar tana da kama da hankali, amma tarihi bai goyi bayanta ba. A wasan buɗe gasar 1998, Nijeriya ta ci Maroko 8 da babu. Maroko ƙasar musulmi ce, mai irin ra'ayoyin da ake da su a nan game da fitar mace. A 2020 hukumarta ta tsara shiri na shekara huɗu: gasar ƙwararru mai rukuni biyu, albashin ƴan wasa da masu horarwa da hukumar ke ɗaukar nauyinsa, gasar yara mata, da cibiyar horo irin wadda maza ke amfani da ita. A 2022 ta fitar da Nijeriya a wasan kusa da na ƙarshe gaban ƴan kallo fiye da dubu 45 a Rabat. A 2023 ta tsallake zagayen farko na kofin duniya. A wasan ƙarshe na 2025 sai da ta riga Nijeriya da ci biyu kafin a juye mata 3 da 2. Gaskiya ne arzikin Maroko ba irin na Nijar ba ne, kuma babu mai hankalin da zai ce a kwaikwayi kasafin kuɗinta. Abin da misalinta ya nuna kawai shi ne tazarar ƙwallo takwas ba halitta ba ce.

Maroko ce kuma ta warware wata gardama da ake yawan tayarwa a zaurukanmu, ta sutura. Daga 2007 dokokin wasan sun hana rufe kai a fili, har a 2011 aka hana ƴan wasan Iran buga wasansu da Jodan saboda haka. An sassauta a 2012, aka halatta gaba ɗaya a 2014, kuma a kofin duniya na 2023 ƴar bayan Maroko Nouhaila Benzina ta zama ta farko da ta buga wannan babbar gasa da lulluɓi. Uban da ke cewa ba zai bar ɗiyarsa ta fita tsirara ba yana da amsa a yau wadda ba ta samuwa a 2007: dogon wando, riga mai dogon hannu, da abin rufe kai, duk doka ta yarda.

Inda ƙwallayen suke fitowa

Sutura dai ita ce ƙaramar matsala. Babbar tana cikin lissafin shekaru. Ɗan ƙwallo yakan fara taɓa ƙwallo yana ɗan shida ko bakwai, ya shiga hannun mai horarwa wajen sha biyu, ya nuna tsakanin ashirin da talatin. A sa wannan ma'auni a kan rayuwar yarinyar karkara. Binciken lafiya da yawan jama'a na 2012 ya nuna cewa a Nijar kashi 76 cikin ɗari na mata suna aure kafin su cika 18, kashi 28 kafin 15, kuma jahar Maraɗi ce kan gaba da kimanin kashi 89. Ma'ana, a daidai shekarun da ƴar Legas ko ƴar Kumasi ke shiga ƙungiyar matasa, tsararta ta Sae Sabuwa tana ɗakin miji, wataƙila da goyo. Kafin nan ma, sa'o'in yamma da yara maza ke kwashewa suna bin ƙwallon tsumma a bayan gari, su ne sa'o'in da ita take kan rijiya, ko gindin turmi, ko yawon talla. Ba a hana ta da baki ba. Lokaci ne ba a bar mata ba.

Saboda haka wuri guda ne tak a ƙauye inda yarinya ke iya gudu a fili ba tare da an tambaye ta dalili ba, shi ne makaranta, musamman kwaleji, inda darasin motsa jiki yake cikin tsarin karatu, yake kuma da maki a jarrabawar BEPC. Wannan ne ya sa dokar watan Disamba na 2017, mai kare karatun ɗiya mace har ta kai shekara 16, ta fi kowace takardar FENIFOOT muhimmanci ga makomar Mena ta mata, ko da yake waɗanda suka rubuta ta ba ƙwallo ne a ransu ba. Malamai sun san yadda abin yake a aikace. A makarantu da yawa na karkara babu malamin motsa jiki na musamman. Idan an sami ƙwallo guda, maza ne ke ɗauka, ƴan mata su zauna a inuwar dogon yaro suna jiran a kaɗa ƙararrawa, wasu kuma su kawo uzurin rashin lafiya da kowa ya san na kunya ne. Malamin da ya raba sa'ar nan biyu, ya ba ƴan mata filin su kaɗai, bai kashe ko dala ba.

Sakamakon wannan duka shi ne ƙungiyar ƙasa da ake ɗebowa daga ƙaramin tafki. Ƙungiyoyin da suka wakilci Nijar a wasannin share fagen kofin zakarun Afirka na mata, wanda aka fara a 2021, na Yamai ne, na masu kaki: AS Police ce ta fara zuwa, ta faɗa rukuni ɗaya da Rivers Angels ta Nijeriya da Hasaacas Ladies ta Gana, wadda a shekarar ta kai har wasan ƙarshe na nahiya a Alƙahira. Ba abin mamaki ba ne a ce masu kaki ne a gaba. Su ne ke da fili, da mota, da abin da za a ba yarinya ta kai gida, kuma iyaye sun fi sakin jiki da wasan da ake ganin zai iya kai ɗiyarsu ga aikin albashi. Amma ƙasa mai mutane fiye da miliyan 25, wadda mafi yawansu ke zaune a karkara, jahohin Damagaram da Maraɗi da Tawa kuma suka fi kowace yawan jama'a, ba za ta auna ƙarfinta da abin da ƴan unguwannin babban birni suka iya bayarwa ba. Hujjar cewa baiwar tana nan ita ce Aminatu Seyni, ƴar tseren da ta ci zinare a gudun mita 200 na gasar Afirka a 2022, ta kuma zo ta huɗu a duniya a wannan shekara a Amurka. Gudu dai mutum ɗaya yake bukata da mai horarwa ɗaya. Ƙwallo kuwa sai an tara goma sha ɗaya, an samo musu wasu goma sha ɗaya da za su kara da su kowane mako, shekara da shekaru.

A watan Fabrairu na 2025 Mena ta mata ta sake fita neman gurbin kofin Afirka, wannan karo da Gambiya. An ci ta 2 da babu a Yamai, aka kuma ci ta 2 da 1 a karo na biyu. Gambiya ba Nijeriya ba ce, ba kuma Kodibuwa ba, don haka ba za a ɗora gini mai nauyi a kan wannan sakamako ba. Ita kanta Kenya ce ta fitar da ita a zagaye na gaba. Duk da haka, shi ne karo na farko a wasannin neman gurbi da ƴan matan Nijar suka buga wasa biyu a jere ana iya ƙirga tazarar da yatsun hannu ɗaya. Wata guda bayan haka, a birnin Alƙahira, aka zaɓi shugaban FENIFOOT ya zama mamba a majalisar gudanarwa ta FIFA, wato majalisar da ke tsara sharuɗɗan kuɗin da suka tashi ƙungiyar daga barci a 2018.